Ƙwayar shinkafa ɗaya da ƙashi: littafin girkin da nake so a rubuta a Hamdara

Yau maganar abinci na zo da ita, amma irin abincin da ba a taɓa ɗora tukunyarsa a kan murhu ba. Na san wani zai ce me ya kai namiji madafa. Yo ai cikin da ya kai shi gaban akushi, shi ne dai.

Turawa suna da wata sana'a mai ban dariya. Marubuci zai ƙaga labari, ya ƙaga ƙasa da sarakunanta da dodanninta, ya ce a fadar sarki kaza an ci kaza an sha kaza. Daga baya sai wasu su zauna su buga littafin girke-girken wannan ƙasar da babu ita a doron duniya. A 2012 an buga na Game of Thrones. A 2022 aka buga na Wakanda, ƙasar Afirka ta cikin fim ɗin Black Panther, wadda ko ka kwana kana duba taswira ba za ka gan ta ba. Kuma mutane suna zaro kuɗinsu su saya, su shiga madafa su gwada. In ka gama dariya sai ka tuna cewa mu ma muna da irin waɗannan ƙasashen, kuma namu sun girmi nasu. Muna da garin su Gizo da Ƙoƙi, muna da birnin aljanu, muna da gidan kada a ƙarƙashin ruwa, kuma kowane da abin da ake ci a cikinsa. Littafin girkinsu ne kawai ba wanda ya rubuta. Na daɗe ina tsara shi a kaina, babi-babi, musamman in ina cikin mota tsakanin Damagaram da gida. Bari in buɗe muku kaɗan.

Babi na farko ba shi da abokin takara: hanyar Ruwan Bagaja. Ina nufin tatsuniyar da tsofaffi ke yi a tsakar gida, wadda Abubakar Imam ya ari sunanta ya sa wa littafinsa na 1934. Yadda kakata, Allah ya jiƙanta, take ba da ita, ɗiyar mowa ce ta ɓata ƙirgin da suke kwana a kai, aka ɗora wa ɗiyar bora laifin, aka ce ba inda za ta wanke shi sai Ruwan Bagaja. Yarinya ta ɗauki ƙirgi ta shiga daji. Tana cikin tafiya sai ga kogi, amma abin da ke gudu a cikinsa hura ce da nono. Ta tambaya ko shi ne Bagaja, ya ce a'a, amma bisimilla, ta ce alhamdu lillahi ta ƙoshi. Gaba kaɗan ga kogin tuwo da miya. Gaba ga kogin nama, soyayye, yana tafe yana ƙamshi. Gaba ga na zuma. Kowanne ya yi mata tayi, kowanne ta gode ta wuce, alhali tun safe ko ruwa ba ta sa a bakinta ba.

Ku tuna fa yadda ake jin wannan labarin. Dare ne, an ci ɗan abin da aka samu, yara bakwai ko takwas a kan tabarma ɗaya, ga tsohuwa tana jan muryar kogin nama kamar tana juya shi da ludayi. Wallahi kana jin yawu na wucewa a maƙogwaron na kusa da kai. Da baki duk muna bayan ɗiyar bora, amma a zuci kowa ya riga ya tuɓe riga ya faɗa kogin. Wani ƙanena har tambaya ya taɓa yi, wai kogin naman nan ta wajen Gure yake ko ta wajen Magarya. Kaka ta ce, maigidana, in ka girma ka sayi raƙumi sai mu tafi tare.

Daga ƙarshe yarinya ta isa, hadari ya taso, ta fake a wata ƴar bukka. A ciki ta tarar da Cinya, cinya ɗaya tak ba gangar jiki, da wani Kare da ke fassara gurnaninta. Ga girkin da suka ba ta, kuma shi ne zai zama shafin farko na littafina. Kayan haɗi: ƙwayar shinkafa ɗaya, da busasshen ƙashi ɗaya. Yadda ake yi: a wanke, a zuba a tukunya, a rufe, kada a yi gardama. Ɗiyar bora ba ta ce uffan ba, ta ɗora. Da ta buɗe sai ga tukunya cike da shinkafa da nama. Ɗiyar mowa kuwa, da uwarta ta turo ta don ita ma ta samo arziki, kowane kogi sai da ta tsuguna ta cika ciki, da aka miƙo mata ƙwaya ɗaya da ƙashi ta yi tsaki ta ce wannan wane irin tsiya ne. Kun san yadda ta ƙare, da babban ƙwan da ta zaɓa da abin da ya fito daga cikinsa.

Ana cewa darasin tatsuniyar ladabi ne da haƙuri, kuma haka ne. Ni abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne girkin kansa. Duk wanda ya tashi a gidan mutum goma sha ɗaya ya ga an yi shi da idonsa. Kakata tana karɓar rabin tiya na hatsi a watan da rumbu ya koma sai ƙaiƙayi, ta surfa, ta ware dusa ba ta zubar ba, ta ware gasara, ta dama kunu, ta tsinke hura da ruwa har ta isa kowa, ta ƙara ganye a kan abin da ya rage. Ƙashin da aka samo ranar kasuwa kuwa sai ya kwana uku yana shiga miyar kuka yana fita, ana tsame shi ana rataye shi, kafin a bar wa yaro ya gwagwiya. Shinkafa a lokacin ƙuruciyarmu abincin sallah ce da biki. Matan da suka ƙaga Cinya da Kare sun san abin da suke faɗi: aikin hannunsu na kullum suka ɗauka, suka cire wahalar, suka bar mamakin. Kuma ku lura, a duk ƙasar nan ta al'ajabi ba wani baƙon abinci ko ɗaya. Ba wanda ya yi mafarkin wani abu da ba a san sunansa ba. Hura ce, tuwo ne, nama ne, zuma ce. Abin da ya sa ta zama wata duniya daban shi ne ba ya ƙarewa.

Babi na biyu na Gizo ne, kuma gajere ne, don Gizo ba ya girki, ci kawai ya iya. Shi ne ya ga hankaki suna kawo ɓaure daga wata bishiya da ke tsakiyar ruwa, ya lallaɓe su kowa ya ba shi gashi ɗaya ya yi fiffike. Da aka isa, duk ɓauren da wani ya kai baki sai ya ce shi ya riga gani. Suka fusata, kowa ya zare gashinsa, suka bar shi a kan reshe. Ya faɗo ruwa, ya tsinci kansa a gidan kada, ya yi kukan ƙarya ya ce shi ɗan uwa ne da ya ɓata, aka sauke shi a ɗakin da ƙwai yake, ya kwana yana gasawa ɗaya bayan ɗaya. Shi ne kuma ya gano hanyar shiga cikin san sarki yana yankar kitse daga ciki, da sharaɗi ɗaya, kada a taɓa zuciya. To ina mai kwaɗayi ina sharaɗi. A ƙarƙashin kowane girki na wannan babin abu ɗaya zan rubuta: kayan haɗi, na wani ne. Kuma ban ga laifin wanda ya ce ya san Gizo ido da ido ba, don duk ranar da aka zo rabon tallafi a ƙauye sai ka gan shi, da katin gida uku a aljihu, yana ce wa kowa shi ya riga gani.

Ita kuwa Ta-kitse ban san babin da ya dace da ita ba sai na ba ta nata. Sarki ya ƙwace san wata tsohuwa aka yanka, ta roƙi a bar mata kitse kawai, ta kai ɗaka ta rufe a tukunya. Kitsen nan ya zama ƴan mata. Sarki ya ga ɗaya ya ce sai ita, tsohuwa ta yarda da sharaɗin kada a bar ta ta kusanci wuta. Da ya yi tafiya kishiyoyi suka tilasta mata girki, ta tsaya gaban murhu ta narke. A nan abinci ne ya zama mutum, kuma madafa ce ta kashe shi. Ku tambayi kanku wace ce ta fara ba da wannan labarin. Ni dai na ce macen da ta yi shekara arba'in tana daka tun asuba, tana hura wutar kara hayaƙi na shiga idonta, ita ce za ta yi mafarkin amaryar da kyanta da darajarta duka su ne ba ta girki.

Sai babin aljanu. A nan dole a taka a hankali, don wani abin tatsuniya ne, wani kuma malamai sun karantar da shi. Ya zo a hadisi cewa ƙashi da kashin dabbobi guzurin aljanu ne da dabbobinsu, shi ya sa aka hana yin tsarki da su. Ƴan bori kuma suna da nasu zancen: birnin iskoki sunansa Jangare, kowane iska da abin da yake so a ba shi, Inna Bafilatana nono take sha. Ban zo yi wa kowa wa'azi ko talla ba, abin da aka faɗa nake faɗi. Abin da duk muka tashi da shi dai shi ne dokokin: kada ka zubar da ruwan zafi da magariba ba bisimilla, kada ka zauna gindin tsamiya ko kuka da tsakar rana kana ci kai kaɗai, kuma in ka ɓata a daji ka tarar da kasuwa tana ci a inda ka san ba gari, kada ka karɓi ko loma ɗaya, don wanda ya ci nasu ya zama nasu. Wanda ya san kukokin Mirya da almuru, ya san ba sai an yi wa yaro dogon bayani ba. Wannan babin shi ne kaɗai a duniya da littafin girki zai ce wa mai karatu kada ya ɗanɗana. Kuma in ka duba, tarbiyyar da ake yi mana ce ta zuwa gidan mutane: ko yunwa za ta kashe ka, in an yi maka tayi ka ce ka ƙoshi. Ɗiyar bora a bakin kogin zuma ɗiyar gidanmu ce.

Akwai mutum ɗaya na ƙasar nan da ya je wata duniyar da ƙafarsa, ya ci abincinsu, ya kuma dawo, shi ya sa zan ba shi babi guda. Dorugu ke nan, yaron Dambanas ta wajen Kance. An kama shi yana ƙarami aka sayar da shi bawa har Kukawa ta Barno. A can wani Bajamushe mai suna Overweg ya fanshe shi ya ƴanta shi. Da Overweg ya rasu a 1852 sai ya koma hannun Heinrich Barth, wanda mutanen ƙasar nan suka sani da Abdulkarim. Tare suka biyo ta Damagaram a ƙarshen wannan shekarar, zamanin Sarki Tanimun, suka wuce Katsina, Sakkwato, har Tambutu, daga baya suka ƙetare hamada zuwa Tarabulus, a 1855 sai ga ɗan Dambanas a Landan. A Ingila ya zauna da wani malamin mishan, Schön, ya ba shi tarihin rayuwarsa da tatsuniyoyi da Hausa, aka buga su a littafin Magana Hausa a 1885. A ciki ya ba da labarin yadda Turawan Ingila ke zaman cin abinci, da teburinsu da wuƙaƙe da cokula da jerin ladubban da ba su ƙarewa, yana kallonsu da idon yaron da ya saba da ƙwarya da ludayi. Ku kwatanta: yaron da ya tashi da hura da tuwon hatsi, ga shi a ɗakin da ake canza maka faranti tun ba ka ƙoshi ba. In wannan ba gidan Cinya da Kare ba ne, to maƙwabcinsa ne. Ya dawo ƙasar Hausa a 1864, ya rasu a Kano a 1912 bayan ya koyar a makarantar Ɗan Hausa ta Nasarawa. Yara nawa ne a lakwal ɗinmu suka taɓa jin sunansa? Ga Kance nan kusa.

Yanzu sai babin da ya sa na ɗauki alƙalami, don duk na baya shimfiɗa ce.

A 1984 ina ɗan shekara tara. Damina ta ƙi, kuma a watan Afrilun shekarar Najeriya ta rufe iyakarta, shi ya sa har yau tsofaffi ke kiran wannan yunwar El Buhari. Waɗanda suka girme ni sun ga ta 1973 da 1974. Ƙannenmu kuma sun ga ta 2005, bayan fari da farar 2004, lokacin da buhun hatsi ya kai wajen jaka 30 a wasu kasuwanni. A irin waɗannan shekarun mata ke buɗe wani littafin girki da ke cikin kansu, wanda ba a buɗe shi in rumbu na da nauyi. Tafasa da yaɗiya da gasaya a yi kwaɗo, in an samu ɗan ƙuli-ƙuli an gode Allah. Ganyen jiga, a dafa a zubar da ruwan a sake dafawa. Dabagirar aduwa. Ƙarangiya, wannan dai da ke maƙale mana a wando muna tsine mata, a share ta a tara, a daka a fitar da ƙwayar daga ƙaya, a sheƙe, a niƙa, ƙwarya guda ta ba ka abin da bai cika tafin hannu biyu ba. Har gidan tururuwa an tona don a kwashe ƙwayar da ta tara. A tatsuniya in yarinya ta shiga gidan tururuwa sai a ba ta dukiya, mu kuwa iyayenmu da fartanya suka shiga.

Sarauniyar wannan babin ita ce hanza, wasu su ce anza, ɗanta kuma dilo. Bishiya ce da ba ta san fari ba. Ranar da komai ya bushe ita tana nan kore shar, kuma ƴaƴanta na nuna ne daidai lokacin da hatsi ya ƙare sabo bai zo ba. Har ganyenta ana sa wa a rumbu don ya kori ƙwari. Amma ƙwayarta ɗaci gare ta kamar maɗaciya, kuma wanda ya ci ta ba a gyara ba zai gane kurensa a cikinsa. Gyaran shi ne ilimin. A ɓare, a shanya, a fitar da ƙwayar, a jiƙa, a yi ta zubar da ruwa ana sake sabo kwana da kwanaki, wasu su tafasa tukuna, wasu su sa ruwan toka, har ɗacin ya fita sarai. Sannan a dafa ta kamar wake, ko a shanya a niƙa a haɗa da ɗan garin hatsi a tuƙa. Ku tuna kuma a shekarar fari ake wannan, lokacin da shi kansa ruwan da za a jiƙa a zubar sai an yi sammako rijiya an bi layi. Ƙwaya mai guba a shiga da ita tukunya ta fito abincin gida guda: ni ban ga inda Cinya da Kare suka fi kakata ba.

A 2005 ƴan jaridar waje sun zo da na'urorinsu, suka ɗauki hoton mata suna tsinkar ganye da dilo, suka watsa wa duniya cewa ga mutane suna cin ciyawa da ƴaƴan itace masu guba. Yunwa gaskiya ce, yara sun mutu, kuma hotunan sun sa an kawo agaji, ba na musun wannan. Amma yadda aka nuna abin, kamar wasu halittu ne na wata duniya suke kiwo, ya bar mana tabo. Dama can akwai kunya, sai ta ƙaru. Yau ka ce wa budurwa a Hamdara ta dafa hanza, sai ta ce Allah ya kiyaye, ita ba ƴar yunwa ba ce. Taliya da magi sun zama wayewa, abin da ya riƙe ran uwarta kuwa ya zama abin ɓoyewa. Na taɓa jin wata tana rantsuwa a gidan biki cewa ita ko kamanninta ba ta sani ba, alhali na san gidan da ta tashi, tabarmarmu ɗaya a 1984. Ban tona ta ba. Na gane abin da take gudu.

Abin mamaki, a nan cikin Damagaram akwai kamfani, Sahara Sahel Foods, da ke sayen hanza da aduwa da magarya da sauran ƴaƴan daji daga hannun matan karkara, ya gyara ya sa a leda da kwalba ya sayar. Wato abin da muke jin kunyarsa a ƙwarya, in ya shiga leda da rubutun Faransanci sai ya zama na ƴan gayu. Madalla da su, aikin kirki suke yi. Amma ranar da damina ta sake ƙi, kuma duk manomi ya san ranar tana nan tafe, matar da ke can ƙauye ba ta da kuɗin leda. Abin da zai fisshe ta shi ne ta san bishiyar, ta san lokacin tsinka, ta san kwana nawa ake jiƙo, ta san alamar da ke nuna an gama. Wannan sanin yana bakin mata ne da yawancinsu sun haura saba'in. Kowace shekara muna raka wasu makwanci.

Su tatsuniyoyin sun ɗan yi sa'a. Frank Edgar ya tara ɗaruruwa ya buga a littattafai uku tsakanin 1911 da 1913, Ibrahim Yaro Yahaya ya buga Tatsuniyoyi da Wasanni a farkon shekarun 1970, a Yamai kuma akwai cibiyar CELHTO da aka kafa tun 1968 don adana abin da ke bakin tsofaffi. Gizo ba zai ɓata ba. Girkin shekarar fari ne ke cikin hatsari, don mai tatsuniya tana alfahari da tatsuniyarta, mai hanza kuwa sai ka lallashe ta kafin ta yarda ta iya. Shi ya sa nake so a haɗa su a littafi ɗaya, kogin zuma a shafin dama, tukunyar hanza a shafin hagu. Baki ɗaya ne ya ba da su, a tsakar gida ɗaya, sau da yawa ma a dare ɗaya: da rana ta jiƙa ƙwaya mai ɗaci, da dare ta ba yaran da suka ci ta labarin ruwan da ke gudu da nama don su yi barci. Yarinyar da ta ji kunyar shafin hagu, wataƙila daɗin na dama ya sa ta riƙe littafin.

Wahalar rubuta shi kuwa ita ce awo. Littafin Turawa zai ce maka cokali biyu, minti goma sha biyar. Na zauna da gwaggona, ƙanwar babana, wadda ita ce ta rage cikin waɗanda suka yi wannan aikin da kakata, na ce Gwaggo, kwana nawa ake jiƙa ta? Ta ce har ta yi. Na ce to yaya ake sanin ta yi? Ta dube ni ta ce, kai ɗan nan, boko ya cinye maka harshe ne? Ka ɗauki ɗaya ka tauna mana. In ka ji ɗan ɗaci can ƙarshen harshe, ko kaɗan ne, ka sake mata ruwa. Ta ce ruwan wata rijiyar ya fi na wata saurin cire ɗaci, ta ce ta bana ba ɗaya take da wadda ta shekara ba, ta ce a lokacin zafi in ka yi sakaci da canza ruwa sai ta yi tsami ta lalace. Duk wannan ba ya shiga cokali da minti. Dole a ji shi da muryarta, da tsakinta, da inda take tsayawa ta yi dariya.

To ga salula a hannun kowa. Yadda muke tura wa juna saƙon murya a WhatsApp na gaisuwar Juma'a da rigimar siyasa, haka za mu iya ajiye ta minti goma gaban tsohuwar gidanmu. A tambaye ta abu biyu kawai: me kuka ci a shekarar El Buhari kuma yaya kuka gyara shi, sannan koguna nawa ɗiyar bora ta wuce kafin ta kai Bagaja. Za ku ji bambanci. Wani abokina na wajen Matamai ya ce a gidansu har da kogin alkaki, wani na Tanut ya ce su nasu da kogin cuku aka ba su, kowa dai abin da ransa ke so ya zuba a ruwan. Ɗalibanmu da ke Jami'ar André Salifou, masu neman abin da za su rubuta a kai, ga shi nan a bayan ɗakin iyayenku. Ƴan ci-rani kuma, ku da kuka ci kuskus ɗin Libiya da garin rogon Kurmi, ku ma kuna da babinku kusa da na Dorugu.

Ni dai na riga na yi magana da Gwaggo. Ta yarda, da sharaɗi biyu, don ita ma kamar tsohuwar Ta-kitse ba ta ba da abu sai da sharaɗi. Na farko, kada in sa hotonta. Na biyu, maganar hanza da jiga za ta yi mini ita da rana, a gindin bishiyar, don in ga ganyen da idona kada in je in tsinko wa mutane wani abu daban. Tatsuniya kuwa ta ce ko nawa zan ba ta ba ta yin ta da rana, ba za ta ja mini ɓata a kasuwa ba, sai bayan lisha in yara sun taru. Ta kuma ce in kai salular wurin mai caji tun da hantsi, don ta Ruwan Bagaja doguwa ce, in ta fara ba ta tsayawa jiran batir.